Kafaɗar Asibi

Shekara tara Yamusa da Maude suka yi suna yawo ƙauye-ƙauye a motar majigi ta En'e, hukumar Sarkin Abuja ta wancan zamani, kuma in za a faɗi gaskiya, Yamusa ake fitowa saurare. Shi ke riƙe da lasifika. Fim ɗin gwamnati ai ba wani daɗi gare shi ba: a tona masai, a tafasa ruwan sha, a kai yara rigakafi. Amma da Yamusa ya sa baki, ya yi da Hausa ya juya da yaren Gbagyi, sai Baturen da ke wanke hannu a jikin farin ƙyalle ya koma marowacin da ya cinye kaza shi kaɗai yana ɓatar da shaida. Mutane su yi ta dariya har da riƙe ciki. Maude kuwa, ɗan cikin garin Abuja, siriri mai shiru-shiru, aikinsa ya ɗaura fim a inji ya koma gindin janareto yana korar ƙwari. Ko sunansa ba kowa ya sani ba. Yaron majigi ake ce masa, da gemunsa da komai.

In fim ya tsinke, kuma kusan kullum sai ya tsinke, Yamusa kan riƙe jama'a da labari har Maude ya liƙe. Labarin da aka fi so shi ne na uwarsa, Asibi. Shekarar da gobara ta cinye rumbunan Garki har da irin doya, mijinta bai daɗe da mutuwa ba, ta goya Yamusa ta taka har Kuje sau uku, tana dawowa da irin doya cike da ƙwarya. Daga wannan iri ne garin ya sake shuka. Kuma a kafaɗa ta ɗauko, don macen Gbagyi ba ta ɗora kaya a ka. Sun ce kai shi ke yi wa jiki tunani, ba a mai da shi jaki. Yamusa ya raɗa wa labarin suna Kafaɗar Asibi. Ya ba da shi ya fi sau ɗari, kuma Maude ya ji duka, yana tsugune da almakashi a hannu.

To, ana nan sai aka ji gidan talabijin na Kaduna yana neman waɗanda suka san inji. Maude ya tattara ya tafi. Yamusa ya yi masa dariya har da tafi: wai mutum ya bar filin da mutum ɗari biyar ke taruwa, ya je ya shige akwatin da babu mai shi! Ba a yi shekara biyu ba motar majigi ta kwanta, ba ta ƙara tashi ba. Yamusa ya koma Garki yana koyar da 'yan aji uku. Shi ke nan fa labarin Maude ya fara zuwa, kamar da gayya. Yau a ce yana jan waya a bayan kyamara. Gobe a ce ya fara rubuta wasan kwaikwayo. Can sai aka ce ya zama furodusa. Wannan kalma, jama'a, ta hana Yamusa sakat. Duk wanda ya dawo daga Kaduna, direba ne ko soja mai hutu, sai ya biyo ta makaranta ya ce, "Malam, na ga sunan abokinka a talabijin!" Yamusa ya yi murmushi ya ce madalla, sa'an nan ya shiga aji ya huce a kan yaran mutane. Ƙyashi ne, ba wani suna gare shi ba. Shi da ya iya magana yana nan yana cin alli, wanda bai iya haɗa zance biyu ba shi ake kira marubuci.

Ranar wata Asabar a farkon daminar 1974, Landiroba ta tsaya a bakin makarantar. Maude ya fito. Ya yi ƙiba, ya sa baƙin tabarau da riga mai aljihu huɗu. Yana hango Yamusa ya cire tabarau ya taho da gudu-gudu ya rungume shi.

"Mutumina! Kana nan yadda kake!"

"Ina zan je? Ranka ya daɗe, Oga Furodusa."

"Kai, bar wannan don Allah."

Mutum biyu suka fito bayansa: Philip mai kyamara, da wata 'yar wasa farar mace mai suna Lantana, wadda ta taka ƙasar Garki kamar mai tsallake kwata. Maude ya ja Yamusa gindin mangwaro ya faɗa masa abin da ya kawo su. Ya mai da Kafaɗar Asibi wasan talabijin. Duk abin da ke cikin ɗaki an riga an ɗauka a Kaduna, Lantana ce ta fito a Asibi. Saura hanya da rafi da gona. Sai kuma abu na ƙarshe, wanda shi ne ransa: yana son a rufe wasan da Inna Asibi ta gaske, tsohuwa, tana hawo tudun bayan gari da ƙwaryar doya a kafaɗa, har ta iso gaban kyamara.

"Gwangwanin fim ɗaya na ɓoye mata," in ji Maude. "Bai cika minti uku ba. Na rantse ko Philip bai isa ya taɓa shi ba."

Yamusa ya ce, "Ya yi kyau."

Suna cikin haka Philip ya fito da kaya yana gwadawa, har da wani ɗan baƙin allo mai marfi a sama. Yamusa malami ne, ba ya ganin allo ya ƙi karantawa. An rubuta da alli: KAFAƊAR ASIBI. A ƙarƙashi: Furodusa, M. Dallatu. Ya sake dubawa sama da ƙasa. Babu wani suna.

"Wannan fa na mene ne?" ya tambayi Philip.

"Allo ne, Malam. Duk ɗaukar da za mu yi, sai an fara nuna wa kyamara shi."

Shi ke nan. Yamusa ya yi shekara tara yana haska fim, amma bai taɓa ganin yadda ake ɗaukarsa ba. Abin da ya sani shi ne, sunayen masu fim su ke fara fitowa. Ga abin da ake fara nuna wa kyamara, ga sunan mutum ɗaya a kai. Ashe labarinsa, na uwarsa, wanda aka yi da shi yana goye a baya, shi ne Maude ya kwashe ya sa wa sunan ubansa! Da ya buɗe baki ya tambaya, da Maude ya gaya masa allon nan alama ce kawai ta mai yanka fim, a kwandon shara take ƙarewa. Amma ina! Yamusa ya tambayi yaron majigi ina sunana? Gara ya mutu.

Da yamma suka je gaishe da Asibi. Suka tarar da ita a tsakar gida tana goge sabuwar tukunya da dutse, don har yanzu ginin tukwane take yi, ta kai Karmo da ƙafarta ranar kasuwa. Tana ganin Maude ta saki dutsen, ta tarbe shi da Hausarta ta Gbagyi mai mai da namiji mace.

"Wayyo, ɗana Maude ta dawo! Kai, ka yi tumbi! Wa ke ba ka abinci haka?"

Maude ya durƙusa har ƙasa. Ya ci tuwonta ya fi a ƙirga a zamanin majigi. Ya gaya mata abin da yake so, a hankali, kamar mai neman aure. Tsohuwa ta rufe baki da hannu tana dariya.

"Ni? Hoto? Tun da aka haife ni ba a taɓa yi mini ba. Ko na zaman kujera ban yi ba." Ta dubi hannayenta masu yumɓu. "To, zan yi. Ku shirya rana da Yamusa, shi ne maigida."

A bakin mota Maude ya tsara masa. Lahadi da Litinin za su yi rafi da gonaki ta wajen Kuje, suna kwana a gidan baƙi na Abuja. Talata da hantsi za su zo su ɗauki Inna. Laraba dole kyamara ta kwana a Kaduna, masu labarai na jiranta, don duk gidan uku ce gare su.

"Talata," in ji Yamusa. "Zan gaya mata."

Ya koma gida ya tarar har uwarsa ta buɗe akwati ta ciro saƙaƙƙen zanenta mai shuɗi, wanda rabon da ta ɗaura shi tun bikin aurensa. Tana shanya shi a igiya don warin ajiya ya fita.

"Yaushe ne?" ta tambaya.

Talata ita ce ranar kasuwar Karmo. Yamusa ya sani, kowa a Garki ya sani, sai Maude da ya yi shekara goma ba ya nan.

"Laraba ce, Inna. Ki je kasuwarki Talata hankali kwance."

Allah na tuba, ko muryarsa ba ta yi rawa ba. A ransa cewa yake yi: ka sace labarin, to ba ka samun mai labarin.

Talata tun da sassafe Asibi ta bi ayarin mata zuwa Karmo, tukwane uku a kafaɗa, tana tafiya kamar ba ta haura sittin ba. Garin ya yi shiru, sai tsofaffi da awaki. Da hantsi Landiroba ta iso gindin tudu. Maude ya fito da gwangwanin fim a hammata, yana waige-waige.

"Ina Inna?"

"Ta fasa," in ji Yamusa. "Ta ce ta yi tunani, ba ta son a riƙa nuna ta a akwati. Ta tafi kasuwa."

Maude ya tsaya cik. "Amma da bakinta ta ce za ta yi."

"Ka san tsofaffi."

"Ko na yi mata wani laifi ne?"

"Sai ka tambayi kanka."

Maude ya daɗe yana kallon hanyar Karmo. Fuskarsa ta koma irin ta da, ta lokacin da fim ke tsinkewa jama'a na yi masa ihu. Yamusa ya ga wannan fuska, kuma gaskiya ya ji daɗi.

Ba yadda za a yi, sai aka shafa wa Lantana toka a gashi, aka ja mata layin tsufa da gawayi, aka cika ƙwarya da doya. Ta ɗora a kafaɗa, ta yi taku huɗu, ƙwarya ta sulɓe, doya ta gangara tudu Philip na binta. Aka tsince. Ta sake ɗorawa, wannan karo ta riƙe da hannu biyu ta karkace kamar mai ciwon haƙori, ƙwarya ta faɗi ta tsage. Matan da za su nuna mata yadda ake sunkuyar da wuya a daidaita nauyin duk suna Karmo. Yamusa ya san yadda ake yi sarai, a kan wannan kafaɗa ya girma. Ya naɗe hannu ya jingina da mota.

Hadari ya taso daga gabas, baƙi ƙirin.

"Oga, haske na tafiya fa," in ji Philip.

"Ni dai a ka na iya," in ji Lantana, tana murza wuya. "In za a yi a yi, in ba za a yi ba a kai ni in wanke wannan tokar."

Maude ya juyo ya dubi Yamusa, kallon mai neman a cece shi. "Mutumina, me ka gani?"

"Kai ne furodusa."

Aka samo wata ƙwarya. Aka yi gammo. Philip ya nuna wa kyamara allo, aka buga marfinsa, Lantana ta hawo tudu da doya a ka, tana rangaji kamar mai tallan fura. Gwangwanin Inna ya ƙare a kanta. Ruwa ya sauko kafin su gama naɗe waya, Maude ya shiga mota ko sallama mai kyau bai yi ba.

Da Asibi ta dawo da yamma, tsofaffin unguwa suka ce mata baƙi sun zo sun yi abinsu a tudu. Yamusa ya ce na sauran ne, nata gobe.

Laraba ta yi wanka tun rana ba ta fito ba. Ta ɗaura shuɗin zane, ta shafa man kaɗanya har ƙafa, ta zaɓi doya masu kyau ta jera a ƙwarya, ta zauna a dakalin ƙofar gida. Mata suka yi ta zuwa suna tsokanarta, amarya, amarya. Hantsi ya yi. Rana ta take. Aka kawo mata abinci ta ce a'a, kada mai ya ɓata zanen. Duk ƙarar da ta ji sai ta miƙa wuya. Yamusa ya dawo daga makaranta ya same ta a nan, ya ce wataƙila an kira su Kaduna da gaggawa ne.

Tsohuwa ta dube shi. Ta daɗe tana dubansa.

"Maude ba ta karya magana," ta ce. "Kai kuma ni na haife ka."

Ta shiga ɗaki ta ninke zanen ta mayar akwati. Ba ta sake tayar da zancen ba, shi ma bai tayar ba. Sau da yawa ya yi niyya, sai ya tuna allon nan, zuciyarsa ta sake taurare.

Bayan an haƙe doya, zazzaɓi ya kama ta. Kwana shida ta yi. A cikin shuɗin zanen aka naɗe ta.

Wata guda bayan haka Maude ya zo ta'aziyya, shi kaɗai, ba tabarau. Ya zauna a tsakar gida ya yi kuka kamar ɗan da ta haifa. Da ya share ido ya ce ya zo da kwafin wasan, ya kuma aro inji da janareto. An nuna a Kaduna, an yaba, amma mutanen Garki ba su da akwati, kuma labarinsu ne.

"Sai dai na canja suna," ya ce, idonsa a ƙasa. "Asibi kawai na sa. Ka san dalili."

Bayan magariba aka ɗaura farin ƙyalle a filin makaranta. Garin duk ya fito, har da Fulanin rugar bayan rafi. Maude ya ɗaura fim da hannunsa, ya koma gindin janareto kamar da, sa'an nan ya miƙa wa Yamusa makirfo.

"Riƙe. Tsofaffi ba sa jin Hausar Kaduna. Ka yi musu yadda ka saba."

Haske ya faɗa kan ƙyalle. Babu allo, babu alli. Baƙin fage ne da farin rubutu, manya-manya: ASIBI. Ya ɓace. Wani ya fito, shi kaɗai a tsakiya, ya daɗe: LABARI, YAMUSA GARKI. Sunan Maude sai can daga baya, ƙanana, a haɗe da na Philip.

'Yan makaranta suka karanta da ƙarfi, fili ya kaure da tafi da guɗa. "Malam ne! Sunan Malam ne!" Abin da ya yi shekara goma yana mafarki, ga shi ya fi tsawon mutum a gabansa. Yamusa ya waiga. Maude na murmushi, yana ɗaga masa babban yatsa.

"Allon fa?" Yamusa ya ce da shi. "Mai sunanka?"

"Wane allo? Au, na Philip? Ai wannan yanke shi ake yi a zubar."

Yamusa ya yi bayanin dai, don baki ya saba. Gobara ta ci rumbuna, mata suka yi ta salati da kiran sunan Yesu. Lantana ta goya jariri, aka yi dariya ana nuna Yamusa. Tsofaffi suna gyaɗa kai, suna cewa haka aka yi, haka aka yi. Ana ta raɗa cewa Asibi da kanta za ta fito a ƙarshe, don kowa ya ga ranar da ta yi kwalliya.

Sai ga tudun bayan gari. Sai ga mace ta ɓullo, da toka a gashi, da ƙwaryar doya a tsakiyar kai.

Fili ya yi tsit, ba ka jin komai sai janareto. Wata yarinya ta yi dariya, aka make ta. Sa'an nan mata suka ɗauka gaba ɗaya. "Kai! A ka? Asibi a ka?" Wasu suka tashi suna kaɗe zane.

Tsohuwa Christiana, wadda suka yi shekara arba'in suna bin hanyar Karmo tare da Asibi, ta dogara sanda ta taho har gaban inji. Inuwarta ta rufe rabin ƙyallen.

"Yamusa," ta ce, "yara sun ce sunanka ne a sama. Kai ka rubuta uwarka ta ɗauki kaya a ka? Matar da kafaɗarta ta taurare ta yi kanta saboda garin nan? Kuma ina ita? Ba mun ga ta zauna tana jira ba?"

Maude ya miƙe da sauri. "Inna, laifina ne. Ni na..."

"Zauna, Maude," in ji Yamusa.

Ya manta makirfo na bakinsa. Ko kuma bai manta ba. Lasifika ta kai maganar har ƙarshen fili.

"Ba laifinsa ba ne. Ya zo Talata, ya ajiye mata fim ɗinta. Ni na ce mata Laraba. Ni na tura ta kasuwa, don ina baƙin cikin sunansa."

Maude ya tsaya da hannu a kan inji, yana kallonsa kamar bai taɓa ganinsa ba. A jikin ƙyalle Lantana ta iso gaban kyamara ta yi murmushi, fim ya ƙare, jelarsa ta shiga kaɗawa fat-fat-fat, ba wanda ya kashe.

Christiana ta juya za ta tafi, sai ta tsaya.

"To, ku nuna mana nata hoton, ko na zaman kujera ne. Mu dai mu ga fuskarta."

Yamusa ya dubi farin ƙyallen. Sa'an nan ya sauke makirfo, ya ce mata babu.